Kuɗin kwangilar hanya sun maƙale a hannun gwamnati: ta ina ake fara neman haƙƙi?

Ɗan Kwangila ya rubuta:

Assalamu alaikum. Ina neman shawarar lauyoyi da injiniyoyi da duk wanda ya san yadda ake biyan kuɗin kwangila a ma'aikatun gwamnati. Kamfaninmu ya sami kwangilar gina hanya daga ma'aikatar ayyuka, aikin da ya ƙunshi ciko da shimfiɗa kwalta da kwalbatoci da magudanan ruwa, kuma an ƙulla yarjejeniyar ne bisa sharuɗɗan kwangila na ƙungiyar injiniyoyi masu ba da shawara ta duniya, wato FIDIC, na 1999, waɗanda aka fi sani da Jan Littafi, tare da wasu gyare-gyare da ma'aikatar ta shigar. An ba mu kuɗin kafin alƙalami, an kuma biya takardun shaidar biya, wato takardun da injiniya ke tabbatar da kuɗin aikin da aka yi, na farko-farko ba tare da wata matsala ba, amma da aiki ya doshi ƙarshe sai biya ya tsaya cak.

A yanzu akwai takardun shaidar biya guda 3 da injiniya mai sa ido ya sa wa hannu, amma ko sisi ba a saki ba a kansu. Akwai kuɗin riƙo da aka riƙa cirewa daga kowane biya tun farkon aiki. Akwai kuma ƙarin aiki da muka yi, wato kwalbatoci biyu da faɗaɗa hanyar a wata mahaɗa, waɗanda wakilin injiniya ya umarce mu da su da baki a wurin aiki, ya ce takarda za ta biyo baya, kuma har yau ba ta biyo ba. Bayan wannan, injunanmu sun yi zaman banza na tsawon lokaci saboda ba a biya diyyar masu filaye a wani ɓangare ba, don haka aka hana mu shiga. An buɗe hanyar ga motoci fiye da shekara guda ke nan, amma ba a ba mu takardar karɓar aiki ba.

Mun rubuta wasiƙu ba a amsa ba, sai dai a baki ake ce mana babu kuɗin aikin a kasafin bana, mu ƙara haƙuri. Banki na bin mu bashin da muka ci don kammala aikin, masu kawo mana tsakuwa da man gas su ma sun matsa. Shin za mu iya zuwa kotu kai tsaye, ko akwai matakan da dole mu fara bi? Shin muna da ikon neman kuɗin jinkiri a kan abin da ba a biya ba? Abokan sana'a suna gargaɗina cewa duk wanda ya kai gwamnati ƙara ya yi sallama da kwangila, kuma ko ya yi nasara ba lalle ne ya ga kuɗinsa ba. Ina so in san gaskiyar wannan magana kafin mu ɗauki mataki.

Injiniya Mai Awo ya rubuta:

Wa alaikumus salam, Alhaji. Abu na farko shi ne ka daina kiran abin da kake bi bashi ɗaya, domin basussuka ne huɗu masu ƙarfi daban-daban, kuma idan ka haɗa su a takarda ɗaya ka ba ma'aikatar damar ta fake da mai rauni ta ƙi biyan mai ƙarfi. Abin da zan faɗa ya dogara ne da rubutun Jan Littafi na 1999 yadda yake, saboda haka sai ka duba gyare-gyaren da ma'aikatar ta shigar, don sau da yawa a sassan biya da na kuɗin jinkiri ake yin irin waɗannan gyare-gyare, kuma abin da aka gyara shi ke rinjaye a kan rubutun asali.

Takardun shaidar biya guda 3 su ne mafi ƙarfi a hannunka, domin injiniyan da ma'aikatar ta naɗa da kanta shi ya auna aikin ya amince da adadin. Sashe na 14.6 ya ba injiniya kwana 28 daga ranar da ya karɓi lissafinka ya fitar da takardar, sashe na 14.7 kuma ya wajabta wa mai aiki, wato ma'aikatar da ta ba da kwangilar, ya biya cikin kwana 56 daga wannan ranar da injiniya ya karɓi lissafin, ba daga ranar da ya sa hannu ba. Da zarar wa'adin ya wuce, sashe na 14.8 ya ba ka kuɗin jinkiri da ake lissafawa wata-wata ana ɗora su a kan uwar kuɗi, a kan maki 3 cikin ɗari sama da farashin bashin babban bankin ƙasar da ake biya da kuɗinta, kuma ba ka buƙatar sanarwa ko sa hannun injiniya kafin wannan haƙƙi ya tabbata. Duk da haka ina ba ka shawara ka lissafa su ka riƙa sanya su a cikin kowane lissafi da kake miƙawa, saboda abin da ba a gani a takarda ba, ofishin biya ba ya saninsa.

Batun takardar karɓar aiki ya fi muhimmanci fiye da yadda kake ɗaukarsa, domin kuɗin riƙo a kanta suka rataya. Sashe na 14.9 ya ce ana sakin rabinsu idan aka fitar da takardar karɓar aiki, ragowar rabin kuma bayan ƙarewar wa'adin gyaran lahani, wanda a kwangiloli da yawa kwana 365 ne. Jinkirta wannan takarda hanya ce ta riƙe kuɗinka da kuma ci gaba da ɗora maka alhakin kula da hanyar da motoci suke ta ci. Amma sashe na 10.2 ya tanadi cewa idan mai aiki ya fara amfani da wani ɓangare na aikin kafin a fitar da takardar, to ana ɗaukar ya karɓi wannan ɓangare tun daga ranar da ya fara amfani da shi, sai dai idan amfani ne na wucin gadi da yarjejeniya ta ambata ko ɓangarorin biyu suka amince. Sashe na 10.1 kuma ya ce idan ka nemi takardar a rubuce, injiniya bai bayar ba kuma bai ƙi ba cikin kwana 28, alhali aikin ya kammala yadda ya kamata, ana ɗaukar an bayar. Don haka ka tattara hujjar ranar da aka buɗe hanyar, ko hotuna masu kwanan wata, ko takardar gayyatar bikin buɗewa, ko sanarwar da ma'aikatar ta fitar, sannan ka rubuta neman takardar kana ambaton waɗannan sassa biyu.

Ƙarin aikin da aka umarce ku da baki ya fi wuya. Sashe na 3.3 ya buɗe ƙofa ga irin wannan umarni: idan ɗan kwangila ya rubuta yana tabbatar da umarnin bakin cikin ranakun aiki 2, injiniya kuma bai musanta ba cikin ranakun aiki 2 bayan ya karɓa, takardar ɗan kwangilar ta zama umarni a rubuce. Idan ba ku yi haka ba a lokacin, sai a koma ga littafin wurin aiki na kullum, da bayanan tarukan wata-wata, da takardun awo da wakilin injiniya ya sa wa hannu, da sakamakon gwajin kankare na waɗannan kwalbatoci. Injiniyan da ya zo ya duba ƙarfen kwalbati ya amince a zuba kankare zai sha wuya ya ce bai san da aikin ba. Sai kuma a duba ko wakilin da ya ba da umarnin yana da ikon yin hakan, don ma'aikatu kan taƙaita ikon injiniya, su ce duk ƙarin aikin da ya wuce wani adadi sai da amincewarsu a rubuce.

Kuɗin zaman banzan injuna su ne nake jin tsoro a kansu. Rashin ba ka filin aiki a kan lokaci laifin mai aiki ne a ƙarƙashin sashe na 2.1, amma sashe na 20.1 ya ce dole ka ba da sanarwar neman haƙƙi cikin kwana 28 daga lokacin da ka san abin da ya faru, ko ya kamata ka sani, in ba haka ba haƙƙin ya faɗi, sannan ka kawo cikakken bayani cikin kwana 42 daga wancan lokacin da ka sani. Kotuna ba sa wasa da wannan wa'adi. A shari'ar kamfanin Obrascon da gwamnatin Jibralta, wadda kotun gine-gine ta Landan ta yanke a 2014 kan aikin hanya da ramin ƙarƙashin ƙasa a filin jirgin sama, alƙali ya tabbatar da cewa sanarwar sharaɗi ce, kamfanin kuma ya rasa wasu kwanakin ƙarin lokaci saboda rashinta, ko da yake alƙalin ya ce ba a buƙatar wani tsari na musamman wajen rubuta ta, muddin ta bayyana abin da ya faru kuma ta nuna cewa neman haƙƙi ake yi. Ka koma cikin wasiƙunku na wancan lokaci ka duba ko akwai wadda ta cika wannan siffa.

Barista ta rubuta:

Injiniya ya yi bayanin ƙunshiyar yarjejeniyar yadda ya kamata, ni zan tsaya kan tambayar zuwa kotu. Alhaji, ba ka ambaci ƙasar da aikin yake ba, kuma a wannan fanni dokar ƙasa tana da tasiri sosai, don haka zan faɗi abin da aka fi samu a ko'ina, lauyanka ya daidaita shi da dokar da yarjejeniyar ta zaɓa.

Idan sashe na 20 yana nan yadda yake, zuwa kotu kai tsaye ɓata lokaci ne, domin lauyan gwamnati zai nemi a dakatar da ƙarar saboda kun amince da sasanci, wato a kai rikici gaban masu yanke hukunci da aka zaɓa maimakon kotu, kuma galibi kotu za ta amsa masa. Tsarin shi ne a fara kai saɓanin gaban kwamitin warware saɓani, wanda yake da kwana 84 ya yanke shawara. Wanda bai gamsu ba yana da kwana 28 ya ba da sanarwar rashin gamsuwa, idan kuma babu wanda ya bayar, shawarar ta zama ta ƙarshe kuma ta hau kan kowa. Bayan sanarwar ana ƙoƙarin sulhu, kuma ana iya fara sasanci mai yanke hukunci daga rana ta 56 ko da ba a zauna sulhun ba. A kwangilolin gwamnati da yawa ba a taɓa kafa kwamitin ba tun farko, sashe na 20.8 kuma ya ba da damar wucewa kai tsaye zuwa sasanci idan babu kwamiti, amma kotunan wasu ƙasashe sun ce ba za a yi amfani da wannan dama ba sai an yi ƙoƙarin kafa shi. Mafi aminci shi ne ka rubuta kana ba da sunan wanda ka zaɓa, ka nemi ma'aikatar ta ba da nata, idan ta yi shiru ka nemi hukumar da yarjejeniya ta ambata ta yi naɗin.

Abin da ya fi damuna a cikin bayaninka shi ne kalmar haƙuri, saboda wa'adin shigar da ƙara ba ya tsayawa don ana ba ka haƙuri. A Ingila dokar wa'adin shigar da ƙara ta 1980 ta ba da shekara 6 ga yarjejeniya ta yau da kullum, da shekara 12 ga wadda aka ƙulla da hatimi. A Indiya shekara 3 ce kawai ga irin wannan bashi, kuma kafin a kai gwamnati ƙara a kotu sai an ba ta sanarwar wata 2 a ƙarƙashin sashe na 80 na dokar shari'ar madaniyya ta 1908. A Amurka mai kwangila da gwamnatin tarayya yana da shekara 6 ya miƙa buƙatarsa ga jami'in kwangila, sannan bayan jami'in ya yanke shawara yana da kwana 90 ya ɗaukaka zuwa hukumar ƙararrakin kwangila, ko wata 12 zuwa kotun da ke sauraron ƙararraki kan gwamnatin tarayya. Wasu ƙasashen kuma suna da dokoki na musamman da ke gajarta wa'adi ga hukumomin gwamnati. Wa'adin kowace takardar shaidar biya yana iya fara tafiya daga ranar da ya kamata a biya ta, ke nan mafi tsufa a cikin ukun ita ce ta fi kusa da faɗuwa. A Ingila da Indiya da ƙasashe da dama da suka gaji tsarinsu, amincewa da bashi a rubuce da sa hannu, ko biyan wani ɓangare nasa, yana sa wa'adin ya sake farawa, matuƙar an yi hakan kafin ya ƙare. Wannan ne ya sa wasiƙa guda mai layi uku daga babban sakatare, wadda ta ce ma'aikata ta san da bashin adadi kaza kuma tana jiran kasafi, ta fi maka amfani fiye da duk alƙawuran da aka yi maka a ofis.

Game da cewa babu kuɗi a kasafi, wannan bayani ne na dalilin rashin biya, ba kariya ba ce a shari'a idan an ba da kwangilar bisa ƙa'ida. Inda matsala take tasowa shi ne idan an tsallake dokar sayen kayan gwamnati wajen bayarwa, ko jami'in da ya sa hannu ba shi da iko, domin a nan gwamnati kan ce yarjejeniyar ba ta ɗaure ta ba, sai ɗan kwangila ya koma neman ladan aikin da aka amfana da shi, wanda hanya ce mai tsawo kuma ba ta da tabbas. Ka tabbata takardar ba da kwangila da amincewar hukumar da ke da iko suna cikin fayil ɗinka. Haka nan ka shirya wa abin da ma'aikatar za ta fito da shi da zarar ka matsa, wato tarar jinkirin kammala aiki da zargin lahani a kwalta. Sashe na 2.5 ya wajabta wa mai aiki ya ba da sanarwa da cikakken bayani kafin ya cire wani abu daga kuɗin da aka shaida, kuma a 2015 kwamitin shari'a na majalisar sarautar Birtaniya, a ƙarar kamfanin NH International kan aikin asibiti a Tobago, ya yanke cewa buƙatun da mai aiki bai bi wannan sashe a kansu ba ba zai iya zabtare su daga kuɗin ɗan kwangila ba, ko da yake yana iya kafa hujja cewa aikin da aka yi bai kai darajar da ake nema ba.

Maganar abokan sana'arka cewa nasara ba ita ce ganin kuɗi ba tana da ƙanshin gaskiya. Samun hukunci a kan gwamnati abu ɗaya ne, zartar da shi wani abu ne daban. A Ingila dokar 1947 ta hana ƙwace kadarorin gwamnati don biyan hukunci, sai dai kotu ta ba da takardar shaida a kai wa ma'aikatar ta biya. Kenya tana da tsari makamancin wannan, inda mai hukunci kan koma kotu ya nemi umarnin tilasta wa jami'in da ke riƙe da kuɗin ma'aikata ya biya. A Nijeriya sashe na 84 na dokar zartar da hukunce-hukunce ya buƙaci amincewar antoni janar kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati. Yarjejeniyar New York ta 1958, wadda ƙasashe fiye da 170 suka shiga, tana ba da damar kai hukuncin sasanci wata ƙasa a zartar, amma ko a can kadarorin kasuwanci kawai ake iya taɓawa, ban da ofisoshin jakadanci, kuma kuɗin babban banki suna da kariya mai ƙarfi. Duk da haka hukunci yana sauya matsayinka, domin bashin da kotu ko masu sasanci suka tabbatar ba ya cikin waɗanda sabon shugaban ma'aikata zai ce sai an sake tantancewa.

Tsohon Akanta ya rubuta:

Na yi aiki a sashen kuɗi na gwamnati har na yi ritaya, kuma ina so in ɗan saɓa wa Barista, ba a kan doka ba, a kan abin da ya kamata a sa a gaba. Yawancin fayilolin 'yan kwangila da ke maƙalewa ba wanda ya zauna ya yanke shawarar ƙin biyansu. Takardar shaidar biya tana fitowa daga injiniya ta je wurin daraktan hanyoyi, daga nan ta je wurin babban sakatare don amincewa, sai sashen kuɗi ya rubuta bauca, wato takardar umarnin biya, mai binciken kuɗi na cikin gida ya duba, sannan a jira baitulmali ta saki kuɗi. A kowane mataki fayil na iya tsayawa saboda abu ƙarami, kamar takardar shaidar biyan haraji da ta ƙare, ko takardar lamunin banki da wa'adinta ya wuce, ko saɓani tsakanin adadin da ke cikin takardar da jimillar kwangilar da aka amince da ita. Wannan na ƙarshe shi nake zargi a lamarinka, Alhaji. Idan ƙarin aikin ya sa jimillar ta haura adadin da aka amince, babu akantan da zai biya sai an kawo masa amincewa da sabon adadi, kuma yana iya riƙe har takardun da ba su da laifi. Ka nemi sanin teburin da fayil ɗin yake da abin da aka rubuta a shafinsa na ƙarshe kafin ka biya lauya kuɗin sasanci, wanda ba ƙaramin kuɗi ba ne.

Idan kuwa da gaske rashin kasafi ne, to yaƙinka yana wurin shirya kasafin baɗi. Kowace ma'aikata tana da jerin basussukan da ake bin ta, wanda ake miƙa wa ma'aikatar kuɗi, kuma wanda sunansa ba ya cikin jerin ba a ware masa komai. Ka nemi a zauna a daidaita lissafi tsakanin akantanka da na ma'aikatar, a fitar da takarda ɗaya da ɓangarorin biyu suka sa wa hannu, ka tabbata ta shiga jerin kafin a rufe karɓar buƙatun kasafi. Idan kuma da rancen wani bankin raya ƙasa aka yi aikin, ka aika masa kwafin wasiƙunka, domin ko da yake ba ya cikin yarjejeniyarku, yana da ta cewa kan yadda ake kashe kuɗinsa, kuma irin wannan rance yana da ranar rufewa da bayanta ba a ƙara cire kuɗi.

Abin da na gani shi ne da zarar takardar ƙara ta iso, ana tura fayil zuwa ma'aikatar shari'a, daga nan babu jami'in da zai yarda ya sa hannu a biya, kowa zai ce magana tana gaban shari'a. Hana kwangila a hukumance yana da ƙa'idoji, kuma neman haƙƙi ba ya cikin dalilansa, amma ba zan ce maka ba a yin sanyi da mutum a ofis ba.

Ɗan Kwangila ya rubuta:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Na duba takardunmu bisa abin da kuka faɗa. Sashe na 14.8 yana nan ba a cire shi ba, sasanci kuma a cikin gida za a yi shi, ba a ƙasar waje ba. Akwai wasiƙar da muka rubuta a makon da aka hana mu shiga filin, wadda ta ce za mu nemi biyan asarar da muka yi. A kan ƙarin aikin ba mu rubuta komai ba, amma akwai takardun awo da sa hannun wakilin injiniya. Wani sabon abu kuma shi ne, wani jami'i ya sanar da ni cewa ana shirin biyan tsofaffin basussuka ga waɗanda suka yarda su yafe kuɗin jinkiri da wani kaso na uwar kuɗi, kuma su sa hannu cewa ba sa bin komai. Bankinmu yana matsa mana mu karɓa. Barista, mene ne haɗarin wannan?

Barista ta rubuta:

Baba Akanta ya faɗi gaskiya kan yadda fayil ke daskarewa idan aka shigar da ƙara, kuma ban ga saɓani tsakanin shawararsa da tawa ba, domin takardar daidaita lissafin da ya ambata ita ce amincewa da bashi a rubuce da nake nema. Sharaɗina kawai shi ne lauyanka ya lissafa maka ranar da wa'adin takardar farko zai ƙare, ka bi hanyar ofis har zuwa wasu watanni kafin wannan rana, idan ba a biya ba ka ba da sanarwar saɓani ko da ana tsakiyar yi maka alƙawari.

Karɓar ragi ba laifi ba ne, lissafin kasuwanci ne: ka kwatanta abin da za ka yafe da kuɗin ruwan da banki ke ɗora maka, da kuɗin masu sasanci da lauyoyi, da shekarun da za a iya ɗauka, tunda ko bayan hukunci, a ƙasashen da suka ɗauki dokar sasanci ta Majalisar Ɗinkin Duniya wanda aka kayar yana da wata 3 ya nemi kotu ta soke shi. Wani lokaci da babu gara ba daɗi. Haɗarin yana cikin rubutun takardar da za ka sa wa hannu, domin warware irin wannan takarda daga baya yana da matuƙar wuya. An taɓa yi, a shari'ar kamfanin Desert Line na ƙasar Oman, wanda ya gina hanyoyi a Yaman, ya sami hukuncin sasanci a cikin ƙasar, sannan aka matsa masa ya sa hannu a kan adadin da ya yi ƙasa sosai. A 2008 masu sasanci na cibiyar warware rikicin zuba jari da ke ƙarƙashin Bankin Duniya sun yi watsi da wannan sulhu, suka umarci a biya abin da hukuncin farko ya tanada, suka ƙara dala miliyan 1 a matsayin diyyar cutarwa. Amma a can an tabbatar da kama ma'aikata da barazana, kuma kamfanin baƙo ne da yarjejeniyar kare jari tsakanin ƙasashen biyu ta rufa wa baya. Matsin banki kaɗai ba kasafai kotu ke ɗaukarsa tilasci ba, kuma kamfanin cikin gida ba shi da waccan ƙofa.

Saboda haka idan za ka karɓa, takardar ta ambaci lambobin takardun shaidar biya guda 3 da sunansu, ta ce ragin a kansu kaɗai yake, ta kuma fitar da kuɗin riƙo da ƙarin aiki da asarar zaman injuna a fili cewa ba sa ciki. Ta ce yafewar ba ta fara aiki sai kuɗi sun shiga asusunka gaba ɗaya, wanda shi ne abin da sashe na 14.12 ya ba ka damar rubutawa a takardar sallama, wato wadda ɗan kwangila ke sa wa hannu cewa adadin da ke cikin lissafin ƙarshe shi ne duk abin da yake bi, kuma idan ba a biya ba zuwa rana kaza cikakken bashin da kuɗin jinkirinsa sun dawo. Idan takardun lamuni na gwamnati za a ba ka a madadin tsabar kuɗi, ka tambayi bankinka nawa zai saye su a yau, don wannan shi ne ainihin abin da za ka karɓa. Sannan kada ka manta da sashe na 14.14, wanda ya sauke wa mai aiki alhakin duk abin da ba ka sanya adadinsa a fili ba a lissafin kammala aiki da lissafin ƙarshe. Lissafin kammala aiki ana miƙa shi ne cikin kwana 84 bayan karɓar takardar karɓar aiki, don haka tun kafin ka rubuta neman takardar kamar yadda Injiniya ya ba da shawara, ka sa mai awonku ya gama lissafin kwalbatocin biyu da faɗaɗa mahaɗar da zaman injunan, kowanne da adadinsa da hujjojinsa.